Abokin Mai Tashi Sama

A duk yaran unguwarmu a Gadarif ni aka ba matsayin da babu mai so, kuma na riƙe shi hannu bibbiyu kamar an naɗa ni sarauta. Muna aji huɗu lokacin. A bayan kasuwar hatsi akwai wani dattijo da ke shimfiɗa tsofaffin littattafai a kan buhu, a cikinsu har da mujallun zane na Larabci, na wani jarumi mai tashi sama da mayafi ɗaure a wuya. In gari lafiya, mutum ne shiru-shiru kamar kowa. Da zarar abu ya rikice sai ya shige lungu ya tuɓe, ya fito ya ɗaga jirgin ƙasa da hannu ɗaya. Ni da abokina mukan tsuguna mu yi ta karatu har dattijon ya gaji ya kore mu.

Abokin nan nawa maƙwabci ne, dangan kara kawai ya raba gidajenmu. Ya fi ni tsayi, ya fi ni baki, Larabcinsa kuwa ko malamanmu sai sun gyara zama. Saboda haka da muka koma yin wasan jarumi a kan tarin buhunan dawa, ba a ma yi shawara ba. Shi ya ɗaura tsohon zanen babarsa a wuya yana dirowa daga sama. Ni kuwa na zama abokin jarumi.

Don a mujallar jarumin yana da abokin ƙuruciya, wani yaro marar ƙarfi, marar mayafi, wanda ko kaza ba ya iya kamawa. Wata rana ya gano asirin abokinsa bisa tsautsayi, sai ya haɗiye. Bai faɗa wa kowa ba. In jarumi ya ɓace ana nemansa, shi ke cewa ai an aike shi. Wallahi yaron nan ya burge ni fiye da mai ɗaga jirgin. Aikina a wasan shi ne riƙe jallabiya da takalmi, in kuma baban abokina ya leƙo yana nemansa, in rantse cewa ya tafi makarantar allo. Na sha mari sau biyu a kan wannan aiki, ban kuwa yi murabus ba.

Da muka girma boko ya ja shi Khartoum, ni kuma na shiga gareji na koyi gyaran tarakta, ina bin manyan gonakin wajen Doka. Shekaru bayan haka na je birnin sayen kayan gyara, na ce bari in leƙa shi a wurin aikinsa, wani gidan talabijin da ya fara ɗaukarsa karanta labarai. Ina hango shi a tsakar gida na ɗaga murya da Hausa: "Kai, ɗan banza, haka ka yi ƙiba?" Ai kuwa sai ya cafki hannuna ya ja ni bayan wata mota, ya ce da Larabci, murya ƙasa-ƙasa: "Ya zol, bawan Allah, ban da rutana a nan." Rutana ita ce sunan da mutanen birnin suke ba duk yaren da ba Larabci ba.

A bayan motar nan ya yi mini bayani. A birni, in ji shi, kafin su tambayi takardarka sai sun tambayi kakanka, kuma jikan alhazan da suka tako daga yamma har gobe baƙo ne a wurinsu, ko da a nan aka binne cibiyar ubansa. Shi ya sa ya ce musu babansa Balaraben ɗan kasuwa ne daga bakin kogi da fatauci ya kawo shi Gadarif. Baban nasa kuwa, Allah ya jiƙansa, agashe yake gasawa a bakin tasha, tsiren da duk garin ya san hannun Bahaushe ne. Ya kamata in yi fushi. To ban yi ba, kuma sai in faɗi gaskiya tunda tsufa ya zo: daɗi na ji. Ga jarumi, ga lungu, ga asiri, ga ni. Na dafa ƙirji na ce masa ya kwantar da hankalinsa, bakina alaikum.

Haka na riƙe fiye da shekara ashirin. Ya yi suna, ya samu shirin kansa, fuskarsa ta shiga kowane shagon shayi. In direbobin lori suna gardamar asalinsa, ni da muka ci tuwo a kwano ɗaya sai in duƙa cikin inji in ce ban sani ba. Mutanen unguwa sun san asalinsa mana, amma wa ya tambaye su? Gida kuwa ya rage zuwa. Babarsa tana nan da ƙwaryar godogodonta, kunun nan namu na gero da nono, tana sayarwa a ƙofar makarantar da muka yi. Ya aiko sau da yawa wai ta daina, ta ce zaman banza ciwo ne.

Ana nan dish, farantin kamo tashoshin talabijin, ya shigo gari, na saka a gidana don yara su bar yawon maƙwabta. Wata la'asar na dawo na tarar sun kafa ido, wai jarumin nan namu ne aka yi shi da mutane na gaske. Na zauna ina jiran in ga mutumina, abokin jarumi. Da ya fito ban gane shi ba. Sun canza masa fuska, sun canza masa hali, sun mai da shi mai ƙorafi, kullum yana kukan cewa asirin ya yi masa nauyi. Ana cikin haka wata rana aka saka shi a mota ya bar garin, shi ke nan, ko gaisuwa ba a sake aika masa ba. Na miƙe ina zagin akwatin. Babbar 'yata ta ce, "Baba, ai dama ba shi da wani amfani a labarin." Ranar ban ci abincin gidan ba.

Ba a daɗe ba wayata ta yi ƙara, sai ga muryar abokina, da Larabci kamar kullum. Gidan talabijin nasu zai yi shiri a kan ƙuruciyarsa, za su zo Gadarif da kyamara, yana so in kasance a kusa. Na ce tamam, ba damuwa. Ina ajiye wayar na nufi tela. Na ɗinka sabuwar jallabiya, na aro rawani wurin surukina, na kwana uku ina goge baƙin mai daga farce da kananzir. Har gwajin magana na yi a gaban madubi, yadda zan ba da labarin buhunan dawa ba tare da na ambaci agashe ko zanen babarsa ba. Ban so komai ba illa abu ɗaya: ya dafa kafaɗata a gaban duniya ya ce wannan ne abokina.

Suka iso da hantsi, mota biyu, da wata budurwa 'yar birni mai ba da umarni. Daga motar farko abokina ya fito, a bayansa kuma sai ga ɗan wani babban dillalin hatsi, wanda muna yara yake jifanmu da dutse yana kiranmu baƙi. Shi ma ya sha sabuwar jallabiya, ta fi tawa tsada. Abokina ya gabatar da shi: abokin ƙuruciya. Sannan ya juyo kaina ya ce wa budurwar, "Wannan kuma mutumin kirki ne, ɗan unguwa, zai taimaka mana da yara." Aka ba ni tsumagiya.

To, da rawanin aro na yi ta korar yara daga gaban kyamara, ina jin ɗan dillali yana ba da labarina. Ashe an karantar da shi a mota. Ya ce a kan buhunan riɗi suke dirowa. Riɗi! Wa zai bar yaro ya taka buhun riɗi da tsadarsa? Ya ce shi yake riƙe wa jarumi takalmi, har da goge ido. Raina ya ɓaci ƙwarai, irin ɓacin da ke sa kunne zafi, kuma duk yaron da ya matso ranar ya ɗanɗana kuɗarsa ba da laifinsa ba.

An gama da kasuwa za a koma masauki, muka biyo ta gaban makarantarmu. Ba ta cikin tsari, amma budurwar ta hango ginin ta ce a tsaya, nan ma za a ɗauka. Na ga fuskar abokina ta canza. Lokacin tara ne, yara sun fito, kuma a gindin darbejiyar bakin ƙofa ga babarsa zaune da ƙwaryarta, inda take zama tun muna aji ɗaya. Tun isowarsa garin bai taka gidan ba.

Budurwar ta ji daɗin ganin tsohuwa, ta ce kyamara ta matso. Ta duƙa ta ce da Larabci, "Hajja, kin daɗe a nan. Kin san wannan bawan Allah tun yana yaro?" Tsohuwa tana jin Larabci sarai, da shi take ciniki, amma sai ta ja mayafi ta kawar da kai ta yi magana da Hausa. Budurwar ta waiga tana neman mai fassara. Aka ce ga ɗan unguwa.

Na zo na tsaya tsakaninsu da tsumagiyata. Budurwar ba ta jin ko zo in kashe ka, mai kyamara haka, ɗan dillali haka. Duk abin da na faɗa shi ne maganar tsohuwa. Kalma biyu kawai, uwarsa ce, in huce haushin tela da kananzir da riɗi gaba ɗaya. Wallahi sun zo mini har kan harshe. Abokina yana tsaye yana kallona, gumi na bin wuyan rigarsa. Na ce, "Inna, me kika ce?" Ba ta ɗago ba, idonta a kan ƙwarya, ta maimaita: "Yara da yawa sun wuce ta nan."

Na fassara yadda ta faɗa, ban ƙara ko wasali ba. Budurwar ta yi dariya ta ce miskina, tsufa ya sa ta manta, to ustaz, wato abokina, ya karɓi kofi ɗaya daga hannunta don hoto. Tsohuwa ta zuba, ta miƙa ba tare da ta dube shi ba. Ya karɓa ya sha, ya ce, "Shukran ya hajja." Aka ce ya yi kyau, amma a sake, rana ta haske kyamara. Suka sake.

Matan unguwa da suka taru babu wadda ta yi mamaki, ni ma haka. Shi ɗan fari ne. Uwa a wurinmu ba ta kallon ɗan fari a cikin mutane, ba ta kama sunansa, ba ta nuna ta san da zamansa. Tun muna yara in za ta aike shi sai ta ce mini, "Gaya wa wancan ya zo." Na ce a raina, ka ga ikon Allah, al'adar da mutumin nan ya gudu ya bari ita ce yau ta rufa masa asiri.

Da za su shiga mota ya ja ni gefe kamar zai ba ni sallahu. Sai na ji Hausa daga bakinsa, karo na farko tun muna samari, ta yi tsatsa amma Hausa ce. Ya ce, "Kunya ce, ko?" Na ce, "Kunya ce mana. Ba kai ne ɗan fari ba?" Ya sauke numfashi, ya matse hannuna, ya shiga. Ɗan dillali ya ɗago mini hannu ta taga.

Na koma gindin darbejiya. An kaɗa ƙararrawa, yara sun shige, tana haɗa kofuna. Na ɗaukar mata ƙwaryar muka kama hanyar gida, ita a gaba ni a baya, rawanin aro yana ta warwarewa. Mun wuce masallaci ke nan ta tsaya ta juyo. Sai ta kira sunansa, sunan yanka, ɓaro-ɓaro a tsakiyar titi, abin da ban taɓa ji daga bakinta ba tunda nake. Ta ce ya rame, ba sa ba shi abinci a can ne? Na tsaya baki buɗe. Ta ce, "Rufe bakin, ƙuda. Ni da haƙora suka zube, kunyar me ta rage mini? Ai na san abin da ya faɗa musu a birni, tun babansa na da rai labari ya iso mu." Ni da na yi shekara ashirin ina tafiya da ƙirji a gaba, a zatona ni kaɗai na ɗauko kayan nan.

Ta gyara mayafi, ta matso kusa, ta rage murya. "Ɗan nan, gaya mini gaskiya. Ban ɓata masa aiki ba dai ko?"

Na ce, "Ba ki ɓata ba, Inna."

Ta ce, "To alhamdulillahi. Ranar da za a nuna, ka aiko yaro ya kira ni."