Tsakuwar da Ke Cikin Kunci

Har yau idan zan dafa wake sai na tsince shi a faifai, in juye, in sake tsincewa, in kuma kira wani ya duba mini ko idona ya tsallake wani abu. Haka Allah ya yi ni tun ina ƙarama. Kakata ta wajen uba, wadda muke kira Iya, ita ta laƙaba mini suna Fargaba, kuma sunan ya bi ni har ya kusa danne Binta da aka raɗa mini.

A wani ƙauye na ƙasar Baure muka taso, a shekarun nan da kuɗin man fetur suka shigo. Duk wanda ya je birni sai ya dawo da wani abu: wannan kifin gwangwani, wancan rediyo, wani kuma risho. An kawo wa Iya risho, ta sa shi a ƙarƙashin gado ta ce wutar da ba ta barin toka ba wuta ba ce. Murhunta na ƙofar ɗaki shi ne wurin taronmu. Da an idar da sallar isha'i sai mu kewaye shi, ta tura kara a wuta, ta fara ba mu tatsuniya.

Daren da na fi tunawa shi ne na lokacin da yayata, Yaya Rabi, ta dawo gida. Mijinta ɗan kwangila ne a Daura, kuma ita ta zaɓe shi da kanta, ba wanda ya tilasta ta. Ta shigo da leɓe a fashe, haƙorin gaba ɗaya babu, hannun hagu yana lilo har sai da aka kira mai ɗori. Laifinta shi ne ya tauna tsakuwa a cikin wake da shinkafa. Ya kifa mata kwanon a fuska, ya kama hannun ya murɗe har ya yi ƙara. Ba shi ne na farko ba, ta gaya wa innarmu. Wata rana gishiri ne, wata rana tsakuwa.

An aiko cewa 'yan biko za su zo washegari su mayar da ita. Baba ya ce, idonsa a ƙasa, "Ta yi haƙuri ta koma. Ta dinga kula da tsinta." Yaya Rabi 'yar farinsa ce, kuma a wurinmu abin kunya ne uba ya nuna ya damu da ɗan fari, balle ya tsaya masa. Shi ma Baba ɗan farin Iya ne. Tun da nake ban taɓa jin ta kama sunansa ba, ban taɓa ganin ta dube shi ta ce yi kaza ko bar kaza ba. Don haka kowa a gidan ya san gobe za a tafi da ita.

Ni kuwa na wuni ina tsintar wake a bayan rumbu. A tunanina, idan na ƙware, sai a haɗa ni da Yaya in je in dinga tsince mata, kada a sake samun tsakuwa.

Da yamma Iya ta karɓi waken ta ce yau dangwale za a yi. Abinci ne da ban taɓa gani a wani gida ba sai namu. Ta surfe farin waken ta wanke ɓawon, ta dafa shi da ɗan kanwa har ya yi lugub. Ta tsame ta zuba a turmi, ta sa barkono, citta, masoro, daddawa, albasa da gishiri, ta kirɓa har ya zama kamar kullu. Sannan ta ɗauko rariya ta dinga murza shi yana wucewa, ta kwarara man gyaɗa a kai. Da waina ake dangwalarsa, shi ya sa sunan. Muka zauna muna ci muna jan hanci, Yaya Rabi a gefe tana ci da hannu ɗaya, a hankali saboda leɓen. Baba yana can gindin rumbu a kan buzunsa, yana sauraron rediyon da surukin nasa ya ba shi.

Iya ta gyara murya. Na lura ta ɗaga ta fiye da yadda ta saba.

"Ga ta nan tafe, wa zai buɗe mata ƙofa?"

Muka ce, "Ta shigo mu ji ta!"

Ta ce a wani zamani an yi wani ƙaton ɗan fashi mai suna Ci-ka-sare, yana yawo da yaransa da wani gatari mai faɗin faifai. Garin da ya sauka, ba ya neman zinariya. Sai ya zauna a dandali ya ce a dafa masa wake. Idan ya tauna tsakuwa, sai a jawo matar da ta tsince waken, a kifa turmi, a ɗora hannunta a kai, ya sare shi daga wuyan hannu. A rataye hannun a reshen kuka. Kuma bai taɓa sauka a gari bai sami tsakuwa ba. Mata suka dinga tsinta har idanunsu suna tsiyaya, amma kukoki suka cika da hannuwa, ungulaye suka yi ƙiba har ba sa iya tashi. Mazan garuruwan kuwa sai su sunkuyar da kai su ce, "Ai da ta kula."

Rannan ya nufo wani gari, aka ce wata yarinya Delu ce za ta tsince, don ta fi kowa ido. Kakar Delu ta ɗauki sandarta ta bi garuruwan da ya wuce, tana neman mata masu dungun hannu. Kowace ta samu sai ta ce, "'Yar nan, tsakuwar da ta ci hannunki, yaya kamanninta?" Ta farko ta ce fara ce sumul kamar ƙwan ƙadangare. Ta biyu ta ce fara ce sumul. Har ta ƙarshe, maganar ɗaya ce.

Iya ta dube mu. "To ku da kuke wasa a ƙasa, wace irin tsakuwa ke gonakinmu?"

"Jar marmara!" in ji ƙanena.

"Ashe kana da kai, mijina."

Tsohuwa ta dawo gida ta ce wa matan nan su biyo ta, kowace ta ɓoye taɓarya a cikin zane. Ranar da Ci-ka-sare ya zauna a dandali, ta ce a gabansa za ta yi girkin. Ta dafa waken da Delu ta tsince, ta kirɓa, ta tace shi ta rariyar da ko ƙwayar gero ba ta wucewa, jama'a duk suna kallo. Ta zuba barkono mai yawan da ba a taɓa zubawa a abincin mutum ba, ta lulluɓe shi da mai har ya yi kamar ba ruwansa. An riga an kifa turmi, an ɗora hannun Delu a kai, gatari yana jingine.

Ya gutsuro waina ya dangwalo da yawa ya cusa a baki. Kafin ya tauna, wuta ta kama masa harshe da maƙogwaro. Idanunsa suka firfito. Ya yi tari, ya yi atishawa, sai ga wani abu ya yi tsalle daga bakinsa ya faɗa a faifai, ƙwal! Farar tsakuwa ce sumul, ta goge saboda daɗewa a kuncinsa. Tsohuwa ta ɗauke ta ta ɗora a kan rariya, ta girgiza, ta girgiza. Ta ce, "Jama'a, ku gaya mini ta ina wannan ta bi?"

A nan Iya ta kama taɓaryarta da hannu ɗaya ta buga a ƙasa har muka zabura. Ta ce haka matan suka fito da nasu. Aka watsa wa yaransa ragowar barkonon a ido, suka yi ta karo da bango suna ihu. Shi kuwa ta farko ta karya masa hannun da ke ɗaukar gatari, ta biyu ta zubar masa da haƙora, sauran suka rufe shi. Suka kirɓa shi kamar yadda aka kirɓa waken, har kansa ya fashe, har ƙasar dandalin ta jiƙe. Aka kai gatarin maƙera aka mayar da shi fartanya. Delu ta sauke hannunta daga kan turmi da yatsunta cif.

"Ƙurunƙus, ɓera ya leƙa turmi ya bar kansa a ciki."

Amma ni akwai abin da ya tsaya mini, na kasa haɗiye shi. Na ce, "Iya, to su matan farko, da sun ƙara tsincewa da kyau fa? Ko sau ɗaya?"

Ba ta dube ni ba. Wutar take kallo, muryarta kuma ta kai har gindin rumbu.

"Ke Fargaba, ko su tsince har su makance. Wanda ya zo da tsakuwarsa a kunci, ba tsinta ce maganinsa ba. Kuma mai cewa a koma a kula, shi ke kifa masa turmi."

Sai muka ji rediyo ya yi shiru. Baba ya daɗe a zaune cikin duhu, sannan ya naɗe buzunsa ya shiga ɗaki. Yaya Rabi ta kifa kanta a cinyar Iya tana kuka ba sauti.

Da hantsi 'yan biko suka zo a mota, baffan mijin da wani abokinsa, da goro da turamen atamfa. Ni aka aika in kai musu ruwa da ragowar dangwale a zaure. Baffan ya dangwala, ya yi tari, ya ce, "Kai, Malam, yajin gidan nan ba sauƙi!" Sannan ya fara: sharrin Shaiɗan ne, yaro ya yi nadama, ita ma ta dinga lura.

Baba ya miƙe ya shiga ciki. Ya fito da rediyon nan, ya ɗora shi a kan atamfofin, ya tura musu duka.

"Ku gaishe shi."

"To yarinyar fa? Yaushe za mu dawo?"

"Mu a gidan nan ba mu iya tsintar wake ba," in ji Baba. "Ya nemi inda aka iya."

Daga baya alƙali ya raba auren. Hannun Yaya Rabi bai sake miƙewa sosai ba, amma ta yi wani auren a Kongolam, ta haifi 'ya'ya, ta tsufa da sauran haƙoranta. Iya kuwa har ta koma ga Allah ba ta taɓa tayar wa Baba da maganar ba, shi ma bai taɓa nuna ya ji wata tatsuniya ba.

Na sha damuwa a kan daren nan. Nakan ce anya ya dace a ba yara labari mai jini haka? Na yi kwanaki ina mafarkin kuka mai hannuwa. Na kuma daɗe ina zaton darasin shi ne a mallaki rariya mai kyau. Sai da na girma, na zauna da mutane, na gamu da waɗanda duk abin da na yi sai sun tauna tsakuwa a ciki, ina komawa ina tuhumar kaina ina hana kaina barci, sannan na gane ba mu Iya take ba wa labarin ba. Uwa ce da kunya ta ɗaure mata baki, ta sami hanyar yi wa ɗanta magana, kuma sai da ta sa yaji mai yawa kafin abin da ke kuncin kowa ya fito.

Fargabata ba ta bar ni ba. Jiya ma na tsince wake har jikata ta gaji da jira. Amma don haƙoranta nake yi. Idan kuwa wani ya ce ya sami tsakuwa yau, ya sami wata gobe, na daina komawa kan faifai. Kuncinsa nake kallo.