Yatsan Gwaggo Delu a Cikin Kwamfuta

Duk wanda ya yi aiki a gidan gyaran riɗin nan na Birnin Kudu ya san yadda Gwaggo Delu, yayar babana, take shigowa da safe. Sai ta tsaya gaban na'urar da muke ɗora yatsa don a san mun zo aiki, ta harare ta, ta goge gilashin da bakin mayafi, ta dangwala da sauri kamar mai taɓa tukunya a kan wuta, ta sake gogewa. Ni ke kula da tsohuwar kwamfutar da ke tara sunayen, don haka ni ma ban tsira daga harara ba.

Ranar rajista kowa ya ba da babban yatsa. Gwaggo ta miƙo ɗan ƙaramin na hagu.

Na ce, "Gwaggo, babban ake so."

Ta ce, "Babban na gona ne. Da shi aka raba wani da gonarsa a garin Sara, ya dangwala a takarda bai san abin da ke ciki ba. Ni kuwa gona ɗaya Malam ya mutu ya bar min."

Na'urar takan yi godiya da Turanci in ta karɓi yatsa. Da na fassara mata, sai ta riƙe haɓa. "Godiyar me? Me na ba ta? To wallahi akwai abin da ta ɗauka." A gabanmu ta ƙirga yatsunta.

Da kaka lauje ya yanke ta a ɗan yatsan nan, na'ura ta ce ba ta san ta ba. Kwana shida kwamfuta na nuna Delu ba ta zo aiki ba, alhali tana tsakiyarmu tana tankaɗe. Manaja ya ce ko ta ba da babban yatsa, ko ta zauna a gida. Ni kuwa na san ba za ta bayar ba.

Washegari sai ga ta da mai ƙosan bakin ƙofa da ɗan acaɓan da ke kawo ta.

"Ranka ya daɗe, ga shaiduna biyu, Musulmi, baligai. Ita na'urar wa ta kawo? Ka taɓa ganin ta yi alwala?"

Manaja ya sunkuyar da kai, ya ce ta riƙa leƙowa ta gaishe shi kawai har yatsan ya warke.

Da ciwon ajali ya kwantar da ita na je dubiya. Ta damƙe min hannu.

"Asabe, in na tafi ki ciro min yatsana daga akwatin nan, kar ya faɗa hannun wani. Ba zan je gaban Ubangijina da tara ba."

Bayan addu'ar uku na buɗe kwamfuta, na nemo sunanta, na danna gogewa. Sai kwamfutar ta tambaye ni, na tabbata? Na ce e. Ta sake tambaya. Zaman shekaru da Gwaggo, ashe ita ma ta koyi zargi. Na yi dariya har ta koma min kuka, sannan na goge.

Gonar na nan, bana ma 'ya'yanta sun shuka riɗi. Allah ya jiƙan ki, Gwaggo, ya haskaka makwancinki, ya miƙo miki littafinki a dama, ki karɓa da yatsunki cif.