Inuwar Tazrit mai gurasa

Shekara arba'in da huɗu matata Tazrit ta yi tana gasa wa garin Ammazdar gurasar sabuwar shekara, kuma a cikinsu ko sau ɗaya ba ta taɓa ganin Goyo da idonta ba.

Kowa ya san yadda abin yake. Ranakunmu biyu ne a sama, Yaya da Ƙanwa, kowacce da hanyarta, shi ya sa kowane mutum ke jan inuwa biyu. Sau ɗaya a shekara, da hantsi, Ƙanwa takan shige bayan Yaya kamar an goya ta, sai inuwowin nan su haɗe su zama ɗaya, shi ne Goyo. Numfashi ashirin ne kacal. A busa ƙaho, shekara ta shigo. To, gurasar da za a buɗe shekarar da ita dole ta fito daga tanderu daidai da busar ƙahon, tanderun gari kuwa a cikin kogo yake. Tun Tazrit tana 'yar sha shida, da ta gaji uwarta, a can take jin ƙahon, hannunta cikin wuta.

Ba ta taɓa ƙorafi ba, sai ma taƙama. Gurasarta mai dabino da riɗi ba ta taɓa ƙonewa ba, kuma ba ta bari a manta da haka. In mutane suka dawo daga dandali suna ta zuzuta abin da suka gani, sai ta taɓe baki.

"Inuwa ce fa. Ku zo ku ci tun da zafinta."

Ni mai tufka igiya ne, kuma a wurinta ban iya komai ba sai ci da surutu. A haka muka haifi 'ya'ya biyar, muka aurar da su, muna faɗanmu muna dariyarmu. Ban san wani da ya fi ni dacen zama ba.

Da yanar ido ta fara rufe mata gani, mai magani ya ce da wuya ta kai wata shekarar tana gani. Sai ana saura kwana uku Goyo, tana tankaɗe, ta ce ba tare da ta dube ni ba, "Tsoho, wai da gaske inuwar ɗaya take zama?"

Zuciyata ta karye, gaskiya. Amma na san in na nuna tausayi za ta jefe ni da rariya.

"Ki je ki gani mana. Ni zan tsare tanderun."

"Kai? Kai da ko ruwan zafi sai ka ƙona?"

"Shekara nawa ina kallonki?"

"Kana dai kallon faranti."

Duk da haka ta yarda. Ranar Goyo ita ta kwaɓa, ita ta jera gurasar a tanderu, ta ja min kunne sau uku kada in ƙara ko tsinke a wutar. Ta yafa mayafinta na biki ta tafi dandali.

Na zauna na zuba wa wutar ido, sai na ga kamar ta yi sanyi. Na ce ice biyu ba za su yi komai ba. Na ƙara na uku don kada biyun su yi kaɗan.

An ce min tana tsaye a sahun gaba, jikokinta sun kewaye ta, inuwowin sun kusa haɗuwa, sai aka ga ta ɗaga hanci. Ba wanda ya ji komai sai ita.

"Ya kashe ni! Tsohon nan ya kashe ni!"

Ta ture mutane ta yanko da gudu, da gwiwoyin nan nata. Ni kuma hayaƙi ya koro ni bakin kogo ina tari, sai ga ta tafe, ranakun suna bayanta. Saura taku kaɗan ta iso, ƙaho ya tashi.

Ta tsaya cak. A gabanta, kan farin yashin hanya, ga inuwa guda ɗaya tal, baƙa ƙirin, ta miƙo har ƙafafuna. Hayaƙi na ta tuƙuƙi a bayana. Da ta shige a lokacin, da ta ceci rabin gurasar, kuma ta fi ni sanin haka. Ta dubi kogon, ta dubi ƙasa. Ta ɗaga hannu ɗaya a hankali, inuwar ta ɗaga.

"Tazrit, gurasar..."

"Kauce, kana taka min ita."

Na kauce. Ta tsaya har numfashi na ashirin, har inuwar ta sake rabuwa biyu.

A shekarar nan duk Ammazdar da wuƙa aka kankare gurasa aka ci, ana ta yi min tsiya. Kafin Goyo na gaba idonta ya rufe, ta koma tanderunta, don hannunta bai taɓa buƙatar ido ba. Har yanzu in an dawo daga dandali ana zuzutawa takan taɓe baki, sai dai maganar ta canza.

"Na gani. Tawa ta fi taku tsawo. Ku zo ku ci."