Maganin Gidan Mutane

Shekarar da aka kai ni Masar aikin ido, a unguwar Hayyin Ashir na sauka, hawa na biyar, wajen jikata mai karatu a can. Likita ya ce kada rana ta taɓa ni sai bayan sati biyu. Na zauna, na zauna, har zaman ya ishe ni.

Wata rana bayan azahar na tarar da jikar tawa gaban talabijin, riƙe da wani abu mai maɓallai, tana tura wani mutum cikin wani gari a talabijin ɗin. Ta ce wasa ne na mutanen Japan. Garin babu kowa, sai hazo fari fat. Mutumin ƙanwarsa yake nema, da tocila a ƙirji da rediyo a aljihu. In rediyon ya fara shuuu, to wata halitta na kusa. Ta ce halittun ba aljanu ba ne, laifin da ya ɓoye a zuciyarsa ne ya yi ƙafa yana binsa. Na ce ai wannan ya fi aljani.

Na karɓi abin. Ranar farko bango kawai nake gwara wa bawan Allah, muna dariya har maƙwabciyarmu Basudaniya ta ƙwanƙwasa ta ji ko lafiya. Rana ta biyu na iya gudu. A nan na ɗauki alkawari: ba zan hau jirgin komawa gida ranar Asabar ba sai na sada shi da ƙanwarsa.

To, ga inda muka saɓa. A garin nan, in ka shiga gida sai ka ga kwalbar magani a kan tebur, ko mabuɗi, ko harsashi. Jikata ta ce ɗauka ake yi. Na ce ba da hannuna ba. Mutum yana fama da tsohon laifi, in ƙara masa sata? Haka muka yi ta wuce magunguna, halittu na yagarsa, yana ɗingishi yana nishi. Sau bakwai ya mutu a hannuna, sau bakwai ana tayar mini da shi.

Ranar Juma'a muka isa wani tsohon asibiti. Ƙanwar na sama, rediyo na ihu, jinin mutumin saura kaɗan, ga kwalba a gabanmu.

“Yalla, Kaka, ki ɗauka mana. Masu shi fa babu su.”

“Ƙawata, wanda babu shi ma yana da magada.”

Ta kwanta a ƙasa tana riƙe ciki don dariya. Ni kuwa na tuna yadda muke yi a gida in ka shiga aron turmi ba ka tarar da kowa ba: ka ɗaga murya ka faɗa, maƙwabta su zama shaida. Na aika ta kira Basudaniyar, ta zo hannunta duk garin fulawa. Na gyara zama, na yi sallama, na ce, “Masu gida, mun ari magani ɗaya, lalura ce. Ga shaida.”

Basudaniya ta ce tamam, ba ta ma san abin da ta shaida ba. Na danna. Mutumin ya miƙe garau, muka haura da gudu, mu uku muna kururuwa, halitta na bayanmu tana jan ƙafa. Muka buɗe ƙofar ƙarshe, sai ga yarinyar zaune bakin taga. Ya durƙusa gabanta yana kuka. Na ajiye abin, na ce a ba su wuri, maganar 'yan'uwa ce.