Mardanshah na Khujanda da Taurarin da Bai Gani Ba

Haihuwa da Karatu

An haifi Mardanshah ɗan Rustam a shekara ta 468 bayan Hijira, a unguwar maƙera ta birnin Khujanda. Mahaifinsa maƙerin tagulla ne, mahaifiyarsa Zumurrud kuwa 'yar wani mai gonar kankana ce. Bayan ya sauke Alƙur'ani yana ɗan shekara goma sha ɗaya, aka miƙa shi hannun Shaihu Burhan, shugaban gidan awon taurari da ke kan tudun gabas, inda ya karanci hisabi da ilimin falaki har aka ba shi aiki a shekara ta 488.

Aikinsa

Aikin gidan shi ne tsara ziji, wato littafin jadawalin taurari, kowane tauraro da matsayinsa. Ana auna su da babban ma'auni na tagulla da aka kafe a bango. To amma akwai taurarin kudu, babbansu Suhailu, waɗanda ba sa leƙo sararin Khujanda ko kusa. Al'adar malamai ita ce a kwafo matsayinsu daga littafin magabata, a ƙara daraja ɗaya ta awon sama a kan kowace shekara sittin da shida, shi ke nan a wuce wurin.

Mardanshah ya ƙi wannan al'ada ƙememe. An ruwaito cewa ranar da ya mayar da takardunsa da gurabe babu komai, Shaihu Burhan ya ce masa, "Kai yaro, ka fi magabata ido ne?" Ya durƙusa ya ce, "Allah gafarta malam, su sun gani suka rubuta. Ni me na gani?" Daga ranar ya ɗauki alkawari cewa ba zai sa hannu a kan tauraron da idonsa bai auna ba, kuma sai ya je kudu ya cike guraben da kansa. Taurin kai ne, babu shakka, amma irin wanda ya yi ƙaranci a cikin malamai.

Aure da Iyali

A shekara ta 493 ya auri Gulnar 'yar Bahman mai rini, suka haifi 'ya'ya biyar, biyu suka rasu a shekarar ƙyanda. Ita ce takan ce masa, "Maigida, tauraron da bai taɓa zuwa gaishe ka ba, me ya haɗa ku? Zo ka ci gurasarka tun ba ta huce ba." Sau huɗu yana neman iznin tafiya, hakimin garin na hana shi, wai babu mai riƙe awon rana in ya tafi. Da Shaihu Burhan ya rasu a 510 aka naɗa shi a gurbinsa, ƙafarsa ta ƙara ɗauruwa. Gulnar ta rasu a 519, kuma waɗanda suka san shi sun ce tun daga nan ba a ƙara jin dariyarsa ba.

Tafiya Kudu

A shekara ta 526 yanar ido ta fara rufe masa na hagu, na dama ma ya soma hazo. Sai a 528 aka sallame shi, bayan an ci moriyar ƙuruciyarsa tas. Ya ɗora ma'auninsa na kansa a kan raƙuma, ya nufi garin Hurmuz da ke bakin teku tare da 'yarsa Mahbanu, wadda mijinta ya rasu, wadda kuma ta iya awo a hannunsa tun tana ƙarama. Yaƙi ya toshe hanya, ayarinsu ya maƙale a garin Marw har sanyi ya wuce.

Ko da suka isa Hurmuz zafi ya riga ya kama, lokacin da Suhailu yake ɓuya a cikin hasken rana, ba ya sake fitowa sai ƙarshen zafi. Wani masunci ya ce masa, "Baba tsoho, ka zo baƙunci mai gida ya yi tafiya. Zauna ka ci dabino." Ya zauna ɗin, ya kafa ma'auninsa a kan soro, yana rufe idanunsa da jiƙaƙƙen ƙyalle duk yini don tattalin ɗan ganin da ya rage, ga yanar kuwa kullum sai ƙara kauri take yi.

Da asubar da Suhailu ya fito, masunta suna ta kabbara a bakin ruwa, Mahbanu ta kama kafaɗunsa ta juya shi. Ta ce, "Baba, ga shi can, daidai saman jirgin nan." Ya daɗe yana duba, sannan ya ce, "Ba na ganin jirgin ma, 'yata." Ta auna tauraron da sauran 'yan'uwansa a kwanakin da suka biyo, ta roƙe shi da kuka ya rubuta. Ya ce awonta daidai ne, ba ya ko tantama, amma a rubuta da sunanta, shi bai gani ba. Allah Sarki, shekara arba'in yana jiran wannan asuba.

Rasuwarsa

Ya rasu da zazzaɓi a Hurmuz a shekara ta 529, yana da shekara sittin da ɗaya, aka binne shi a maƙabartar baƙi da ke bayan kasuwar kifi. Mahbanu ta komo Khujanda da zijin. Almajiransa suka ce ba a karɓar awon da malami bai sa wa hannu ba, suka cike guraben daga littafin magabata, suka ƙara darajojin, suka rubuta sunansa a goshin littafin. Abin takaici, duk kwafin da ke hannun mutane haka yake.

Ya bar 'ya'ya uku: Farrukh, maƙerin tagulla a Khujanda, Siyawush, mai fataucin takarda, da Mahbanu, wadda ta rayu shekara ashirin a bayansa. Ita kaɗai ce a duk birnin ta ga taurarin nan da idonta, kuma har ta koma ga Allah babu malamin da ya zo ya tambaye ta.