Mai Ludayi da Mutumin Finland

Saura ƙiris in haɗiye wannan labari, don in aka bi shi a hankali, ni ne ba ni da gaskiya a ciki. Amma tunda abin ya ƙare lafiya, bari in faɗa.

Muna yara a Katagum, kakarmu Dada Yalwa ce mai tatsuniya. Da an idar da sallar isha sai ta jawo kaskon wuta bakin ɗakinta, ta tura gyaɗa cikin toka, mu bakwai mu kewaye ta. Ni take fara tsokana. "Maigida, matso kusa. Kai da ba ka kawo cefane ba, ka fi kowa hannu a gyaɗa." Sannan ta gyara zama ta ce, "Ga ta nan, ga ta nanku, mai gyangyaɗi ba shi da rabo."

Akwai wadda take yawan maimaitawa, ta Mai Ludayi. Ɗan kama ne, irin masu wasan ban dariya a kasuwa, yana rataye da ludayi kamar takobi. In maƙwabta biyu suka yi faɗa kan iyakar gona, ran kasuwa sai ya fito ya kwaikwayi wannan, ya juya ya kwaikwayi wancan, har tafiyarsu da tarinsu. Kowa ya yi ta dariya, masu faɗan ma su kasa daurewa, magana ta mutu. Duk da haka ba mai cin tuwo kwano ɗaya da shi. Wata shekara manyan gari suka ce ba shi da aikin yi sai raina mutane, suka kore shi. Damina ta yi kyau, rumbuna suka cika, sai dai faɗa ya ƙi mutuwa. Ƙaramar magana sai gaban alƙali. Wa da ƙane suka daina gaisawa. Da abin ya ishe su suka aika a nemo shi. 'Yan aike suka haye kogi, suka tarar an yi kwana uku da binne shi.

Nan take tsayawa, mu kuwa mu tayar da rigima. "Dada, ki dawo da shi mana." Sai ta ce, "Ni na kore shi? Ku je ku tambayi mutanen garin." Ta kakkaɓe zanenta ta shige ɗaki.

Na girma, na kama aikin ruwa, na zauna a Azare, aikin ya yi ta yawo da ni ƙasa-ƙasa. Ɗana na fari, Nasiru, tun yana ƙarami ba wanda bai iya kwaikwayo ba, daga mai shayin unguwa har ni kaina. Da ya gama karatu na samo masa aikin ofis, sai ya ce shi wasan barkwanci zai yi a talabijin a Bauchi. Raina ya ɓaci. Na rantse a gaban uwarsa cewa ranar da fuskarsa ta fito a akwatin nan, kada ya sake taka mini gida. Da wannan fushin na tafi kwas na wata uku a Finland, farkon shekarun dubu biyu.

An sauke ni gidan wata tsohuwa, malamar makaranta mai ritaya. Mutanen can ba su da surutu. Sai ku yi awa biyu a jirgin ƙasa ba wanda ya ce uffan, har na fara zaton ni na yi musu laifi. Wata yamma na dawo na tarar da ita gaban talabijin, tana dariya tana share hawaye. Ana nuna wani dogon mutum da karkatacciyar hula, yana neman zama kujera tana guje masa. Ta ce ɗan wasan barkwanci ne, kuma a ranar nan ya rasu.

Ta ba ni tarihinsa da Turancinta mai sanyi. Ɗan ƙauye ne, ya fara a rediyo, ya koma talabijin, ya tsufa yana kwaikwayon ministoci da magidanta masu rowa. Masu ilimi kuwa suna ta kiransa wawa a jaridu. Ta ce, "Mijina ba mai magana ba ne. Amma ran Asabar in mutumin nan ya fito, nakan ji muryar mijin nawa. In mun yi faɗa, a gaban shirin muke shiryawa." Ta nuna akwatin da haɓa. "Dubi masu kawo furanni. Su ne suka yi ta zaginsa."

Na zauna ban iya taɓa shayin da ta zuba mini ba. Tun ina yaro nake jin haushin manyan garin Mai Ludayi, ashe da na yi furfura cikinsu na shiga. Abu ɗaya ne ya bambanta ni da su, nawa yana da rai.

Lokacin waya ba ta wadata ba. Da safe na kira shagon wani maƙwabcinmu, aka kirawo mini Hajiya, uwar Nasiru.

"Ina Nasiru?"

Ta ce, "Ya ɗaure kayansa. Jibi zai tafi, ya ce ba zai bari ka dawo ka same shi ba."

"Ki ce ya kwance."

"Rantsuwar fa, Alhaji?"

"Ki tanadi shinkafar mutum goma."

Kaffara ke nan. Na ji dariyarta tun daga Azare.

Na dawo, na ciyar da mutum goma. Shirin Nasiru na farko da na kalla, wani Alhaji ne ya dawo daga Turai da rigar sanyi uku cikin zafin bazara, kome aka yi sai ya ce, "A can ba haka ake yi ba." Duk falon aka juyo ana kallona. Na yi dariya har da tari.

Yanzu na gane dalilin da Dada ta ƙi dawo mana da Mai Ludayi. Da ta tashe shi, da mun kwanta da daɗin rai mun manta. Ta bar mana haushin ne mu tafi da shi, ko zai yi mana amfani wata rana. Ni nawa sai da ya kai shekara arba'in.

Rannan na ba da labarin a majalisarmu ta ƙofar gida, ina jin kaina mai hikima. Aminina Malam Buba ya gama tauna goronsa, ya dube ni ya ce, "To Alhaji, da Baturen nan bai mutu ranar ba fa, ina Nasiru yake yanzu?"