Zanar da Jimrau ya kafa wa Agali

Jimrau wanzami ne, shekararsa sittin da 'yan kai, kuma talatin daga ciki ya yi su yana aski a bakin wata rijiya kusa da Azagor. Ya zo wurin ne bayan kafa garin Tsibiri da 'yan shekaru, da zabirarsa da asake huɗu.

Manoma ba su taɓa kuka da shi ba. Amma Agali, wani Ba'abzine mai raƙuma, duk aka yi masa aski sai ƙeyarsa ta feso da ƙuraje, ya yi ta susa, in sun warke su bar tabo. Magana ta fara yawo a rugage cewa hannun Jimrau zafi gare shi.

"Wanzam, ka mai da mini ƙeya kamar bayan kada," in ji Agali. "Saura aski ɗaya. In ta sake, ni da mutanena mun bar ka."

"Maigida, kadan ma Allah ya yi shi," in ji Jimrau. "Bari in duba."

Ya canja aska ya aske wani ƙanen Agali, shi ma ƙuraje suka fito masa. Ya bar ruwan rijiya mai kanwa ya koma na tafki, haka dai. Daga nan sai ya daina duban hannunsa, ya koma duban abin da mutane ke yi bayan sun tashi daga tabarma. Manomi yakan zauna a inuwa kai buɗe har la'asar. Ba'abzine kuwa, askar ba ta gama komawa zabira ba sai ya naɗe rawanin turkuɗi tam a kan ɗanyen aski, don abin kunya ne babban mutum ya zauna a buɗe gaban jama'a. Gumi da shuni suna kwana a kan fatar.

Jimrau bai ce wa Agali ya karya al'ada ba. Ya kafa zana a bayan wata aduwa, ya yi masa aski a ciki, ya shafa man shanu, ya ce kada ya naɗa sai inuwa ta juya.

"In wani ya leƙo fa?"

"Ni ne ƙofa."

Ya zauna a bakin zanar yana wasa aska har la'asar. Bayan kwana bakwai Agali ya dawo ya ɗaga rawani: tsofaffin tabo suna nan, sabon ƙurji biyu kacal.

Biyun nan sun tsaya wa Jimrau a rai. Ranar Laraba da ta wuce ya aske ƙeyar Agali rabi bin kwanciyar gashi, rabi saɓanin kwanciyarsa, don ya ga ɓangaren da zai yi ƙurji, ya ce ya dawo ya nuna masa.